Hannun 'Yar Mai Haƙa Rijiya

3 ga Fabrairu

Auta,

Assalamu alaikum. Ina fata wannan takarda ta same ka lafiya, kai da abokan aikinka na jirgin ruwa, da injin nan da ka fi kula da shi fiye da cikinka. Mu nan alhamdu lillahi. Hawan jinin Babansu ya sauka tun da ya yarda ya rage gishiri. Ni ma lafiya, bayana ne dai yake tuna mini shekaruna duk sanda na ɗaga marar lafiya a asibiti. Ofishin kamfaninku sun ce in na ba su takarda za ta riske ka a tashar da za ku tsaya, tunda waya ba ta shiga a tsakiyar teku.

Maganar 'yarka ce. Wata huɗu ke nan tun da babbar motar nan ta daki motar makarantarsu, aka yanke mata ƙafar hagu daga ƙasan gwiwa. Dungun ya warke sarai, ni da kaina na yi ta wanke shi. Mai haɗa ƙafar roba ya ba mu ashirin ga Maris mu je awo. Da na gaya mata ko ɗago kai ba ta yi ba.

Ba ta fita. Sandunan da take dogarawa suna jingine a bayan ƙofa, sai in za ta banɗaki. Ƙawayenta sun zo sau uku ta ce a ce tana barci, sun gaji sun daina zuwa. Aikinta ɗaya, kwamfutar nan da ka saya mata, da wani katun da suke kira anime, wai shi Rijiya Bakwai. In ya ƙare ta sake shi daga farko. Shekaranjiya na kai mata shayi na leƙa. Auta, abin da na gani! Wani dodo mai baki a ciki yana taunar mutum, jini yana tsartuwa har jikin bango. Yarinyar da ta ga jininta a kan kwalta, me za ta yi da wannan?

Shekara ashirin da biyu ina jinyar 'ya'yan mutane a ɗakin masu karaya, ga tawa ta gagare ni. In na yi magana ta ce "to, Mama." Yarinyar da kai ka sa mata Sarkin Musu, yau ba ta da abin cewa sai "to."

Kai ka koya mata kallon waɗannan abubuwa tun tana zama a cinyarka. Don Allah ka faɗa mini gaskiya, ba don ka kare kanka ba. Abin nan magani ne ko guba?

Yayarka

24 ga Fabrairu

Yaya,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta zo jiya, na karanta ta sau uku a tsaye. Lafiyata ƙalau, sai ɗan mura da ya zagaye jirgin gaba ɗaya. Ki gaida maigidan, ki ce masa na jinjina masa a kan gishirin. Ki yi haƙuri da rubutuna, a kan bencin ɗakin inji nake yi, jirgi yana rawa, kuma yanzun nan kofin shayi ya kife a gefen takardar.

Na san Rijiya Bakwai. Mai girkinmu yana da shi, mun kalle shi tare bara, kashi ashirin da huɗu. Bari in ba ki labarin don kada ki yanke hukunci a kan dodo ɗaya. Wata ƙasa ce da ruwanta duk ya koma ɗaci, saura rijiyoyi bakwai, kowace da dodo a ƙasanta. Dodon ba ya sakin ruwa sai an ba shi wani abu na jikin mutum. Mai haƙa rijiyar wani gari ya shiga ta farko bai fito ba, sai 'yarsa ta ɗauki igiyarsa ta ci gaba. A rijiya ta uku ta ba da hannunta na dama. Ruwa ya fito, gari ya sha, sannan mutanen garin suka ce mai hannu ɗaya la'ananniya ce, suka kore ta. Haka ta yi ta bin sauran rijiyoyin da hannu ɗaya.

Ba zan ɓoye miki ba, akwai jini, har ya yi yawa. Wani wurin don su burge samari kawai suka zuba shi. Amma ba labarin jini ba ne, labarin wadda ba ta zauna ba ne. Kuma ƙarshensa, Yaya, mai girkinmu ƙato guda sai da ya goge ido da tsumman tukunya. Ba zan faɗa miki ba, amma akwai rahama a ciki.

Kin ce in faɗi gaskiya. Ban san abin da take nema a ciki ba, amma wanda yake maimaita abu ɗaya yana neman wani abu ne. Shawarata, ki bar ta da shi.

Gobe za mu tashi, kusan kwana arba'in ba za mu ga ƙasa ba. In kin ji shiru ba mantuwa ba ce. Ki shafa mini kan Sarkin Musu.

Autanki

9 ga Maris

Auta,

Ina gaisuwa. Allah ya raba ka da murar nan. Mu nan jiki lafiya, zuciya ce dai sai a hankali.

Takardarka ta iso, rabin shafin ƙarshe shayi ya cinye, amma na karanta abin da ya kamata. Na yi mamaki da ka gama yabon abin nan sannan ka ce in raba ta da shi. Na kwana biyu ina juya maganar. Daga baya na ce ai kai ka san cikinsa, kai ka ce jinin ya yi yawa, yabon kuma don kada in ɗora maka laifi ne. Babansu dama tuntuni ra'ayinsa ke nan.

Ranar Asabar da safe na shiga ɗakinta na zare wayar caji na naɗe, na rufe kwamfutar na ɗauka. Ta riƙe gefenta ta ce, "Mama, akwai abuna a ciki."

Na ce, "Abinki yana nan, ba inda zai je. In kin je awo kin dawo a ba ki."

Ta ce, "Me na yi?"

Na ce, "Ba ki yi komai ba. Har Kawunki na tambaya, shi ya ce a raba ki da shi."

Auta, da ka ga fuskarta. Ta ce, "Kawu?" Sai ta saki. Ba kuka, ba musu. Ta juya ta fuskanci bango.

Yau kwana biyar. Abinci sai ta ci cokali uku ta ture. "To, Mama" ɗin ma da nake ƙorafi a kai na daina samu. Hotonka da kake sanye da hular aiki, wanda ke kan teburinta, na tarar ta kife shi. Na tayar, da na dawo na sake samunsa a kife.

Na san ɗaurin karaya ma da zafi yake farawa, ina gaya wa iyayen yara haka kullum. Amma wanzami ba ya son jarfa. Na sa kwamfutar a saman kabad ɗina, duk sanda na wuce sai in ji kamar kallona take yi. Ka yi mana addu'a, saura kwana goma sha ɗaya awon.

Yayarka

2 ga Afrilu

Auta,

Gaisuwa da fatan alheri. Na san ka ce za a ji shiru, amma shirun ya yi mini tsawo, har na je ofishinku na tambaya ko jirginku lafiya. Wata mai gilashi ta ce lafiya lau, in ƙara haƙuri. Babansu yana gaishe ka.

Ba ta je awon ba. Ranar na ɗauki hutu, Babansu ya kawo mota har bakin ƙofa, ta ce, "Ku je ku auna wa kanku." Wannan ce doguwar maganar da ta yi a wata guda. Mai haɗa ƙafar mutumin kirki ne, ya sake ba mu shida ga Mayu. Amma ya ce in ta sake tsallakewa sai ta koma ƙarshen layi, layin kuma ya kai shekara. Ya ƙara da cewa tsokar cinyar tana shanyewa da zaman nan, abin da na sani sarai.

To, ga abin da zan faɗa maka, kada ka yi mini dariya. Satin da nake aikin safe ina dawowa da la'asar, na sauko da kwamfutar don in ga maƙiyin nawa ido da ido. Yau na gama kashi na goma sha biyu.

Ga ra'ayina. Na farko, wanda ya zana abin nan bai taɓa shiga asibiti ba. Jinin da ke jikin babban mutum bai wuce lita biyar ba. Akwai wani mai gemu da aka soke a kashi na biyar, ya zubar da abin da zai cika baho, sannan ya miƙe ya yi jawabi na minti huɗu a kan mahaifiyarsa. A ɗakinmu da tuni an ja masa zane. Na biyu, surutu. Takobi yana sama, za a sare ka, kai kuma ka tsaya ba da tarihin kakanninka, mai takobin yana jira kamar mai jiran canji. Faɗan rijiya ta huɗu kashi uku suka yi suna yinsa, har na yanke farce na gama ba a kashe dodon ba. Na uku, idanunsu kamar faranti, hanci kuwa babu. Ga fassarar da ke fita a ƙasa tana gudu, sai na yi ta mayarwa baya.

Amma akwai kashi na goma sha ɗaya. Babu dodo, babu kiɗa. Yarinyar ta farka a rumfar wata tsohuwa mai ginin tukwane, ta kai hannun hagu za ta sosa tafin hannun da babu. Ta yi ta sosa iska. Auta, na tsayar da shi na fita tsakar gida. Wannan gaskiya ne. Marasa lafiyata suna yi, na sha riƙe su suna kuka wai yatsan da aka yanke yana musu ƙaiƙayi. Kuma na tuna na taɓa shiga na ga 'yarka tana sosa katifa daidai inda ƙafar za ta kasance, da ta gan ni ta ja bargo. Ni da na san abin, ban ce mata komai ba. Shayi na ajiye na fita.

Ita kuma tsohuwar ba ta ce "sannu" ba ko sau ɗaya. Tsintsiya ta miƙa mata ta ce rumfar tana son shara. Yarinyar ta zage ta, ta yi jifa da tsintsiyar, can kuma ta ɗauka. Sai da ta kwana uku tana koyon ɗaure igiya da haƙori, suka nuna duka, ba su yi sauri ba. A nan kam jan da suke yi ya yi daidai.

Ban fahimci dalilin da ya sa ka ce in raba ta da wannan ba. Ka rubuto da zarar kun taka ƙasa.

Yayarka

14 ga Afrilu

Yaya,

Mun iso lafiya da safen nan, aka miƙo mini takardunki biyu a haɗe. Lafiyata lau. Ki gaida kowa. Gaisuwar ta tsaya nan.

Ban ce ki raba ta da shi ba! KI BAR TA DA SHI na rubuta. Ga shi da manyan baƙaƙe. Ki ɗauko takardar ki duba da gilashinki a gaban taga. Laifina ne, ni da rubutuna kamar tafiyar kaza, ga shayi. Tun ina aji uku kike dukan yatsuna a kan rubutun nan, ga ranar da ya ja mana. Kwana arba'in da wani abu ina kwance ina jin daɗi wai na ba da shawara mai kyau, ashe yarinya tana can tana ganin ni na sa aka ƙwace mata abinta. Maganar hoton nan ta hana ni cin abinci.

Don girman Allah ki mayar mata yau. Ki nuna mata wannan takardar. In ba ta yarda ba ki nuna mata ta farkon ma, ta fi ki iya karanta rubutuna.

Duk da haka sai da kika sa ni dariya da mai gemun nan. Na karanta wa mai girkinmu, ya ce shi ma tun ranar yake mamakin bahon jinin. Amma ban yarda da ke a kan faɗan rijiya ta huɗu ba. Sun ja shi ne don ki gaji kamar yadda ta gaji. Kuma dubi zanen ruwan idan ya ɓalle daga ƙasa, kamar ki sa hannu ki ɗiba.

Abu ɗaya nake roƙo. Ku kalli sauran tare, ke da ita, har ƙarshe. Na tabbata ƙarshen nan ne yake sa ta maimaitawa. Yana sanyaya zuciya. In ta gan shi kina gefenta, ina sa ran shida ga Mayu ba za ta gagara ba.

Za mu yi sati bakwai a nan ana gyaran farfela, amsarki za ta same ni.

Autanki mai laifi

9 ga Mayu

Auta,

Assalamu alaikum. Kowa lafiya, kuma wannan karon da gaske nake faɗa. Ka zauna ka karanta a hankali.

Na ɗauko takardar na duba a gaban taga. "Bar" ne, ƙarara. Shayin ya taɓa shi, amma ba shayi ne ya karanta ba, ni ce. Abin da nake so in gani na gani. Kada ka ƙara cewa laifinka ne.

Na shiga da kwamfutar da takardun biyu na ajiye mata a kan gado. Na ce, "Kawunki bai ce ba. Ni na karanta ba daidai ba. Ki yafe mini." Ban taɓa neman gafarar ɗan da na haifa ba, ashe ba a mutuwa. Ta karanta duka biyun. Ta miƙa hannu ta tayar da hotonka. Sannan ta buɗe kwamfutar, ta ga inda aka tsaya, ta dube ni.

"Wa ya kalla har sha biyu?"

Na ce, "Ni. Kuma mai gemun nan ya kamata ya mutu tun kafin ya buɗe baki."

Wani sauti ya fito mata ta hanci. Ba dariya ba ce sosai, amma 'yar'uwarta ce. Ta matsa mini wuri a gadon.

Kwana shida muka yi, kashi biyu kullum in na dawo aiki. Muna gama na ashirin da uku ta rufe ta ce, "Ni a nan nake tsayawa." Na ce ai Kawunki ya ce ƙarshen ne mai daɗin. Ta ce sau ɗaya ta kalle shi, ba za ta ƙara ba. Na ce to ni ban yi wahalar karanta fassara kashi ashirin da uku don a hana ni na ƙarshe ba. Ta kunna mini ta juya baya.

Auta, wannan ne rahamar taka? Yarinya ta buɗe rijiya shida, uku daga ciki da hannu ɗaya da haƙori. Ta shiga ta bakwai, wani haske ya sauko, dodon ya mayar mata da hannunta sabo fil, har da farce. Ta koma gari, mutanen da suka jefe ta suka fito suna rungumar ta, ana kiɗa. Ban san sanda na ce, "Ƙarya ne!" da ƙarfi ba, har Babansu ya leƙo daga falo.

Ta juyo ta ce, "Me kika ce, Mama?"

Na ce, "Ƙarya suka yi. Hannu ba ya dawowa. Kuma waɗannan munafukan ba ita suka karɓa ba, hannun suka karɓa. Da ta dawo yadda take fa?"

Sai yarinyar nan ta fashe. Kuka da magana tare, wata bakwai na magana. Ta ce abin da ya fi ƙona mata rai ke nan, sun yi kashi ashirin suna nuna mata za a iya rayuwa haka, a na ƙarshe suka ce wasa muke yi, sai kin cika kafin a so ki. Ta ce kowa a gidan nan haka yake mata. Ni da Babansu kullum "in an sa miki ƙafa za ki koma kamar da." Ta ce, "Ba zan koma kamar da ba, Mama. In na sa robar nan kuka ga ban koma ba fa?"

Gaskiya ta faɗa. Na faɗi kalmar nan ta fi sau ɗari. Na ce mata, "Ba za ki koma ba. Robar ba ƙafa ba ce, abin tafiya ce, za ta yi miki kanta, za ta ƙona ki da zafi, wata rana za ki yi jifa da ita. Ni dai so nake ki riƙa zuwa inda kike so." Na kuma tambaye ta ƙaiƙayin, na nuna mata yadda ake bubbuga dungun da yadda ake sa madubi a gefen ƙafa mai lafiya don ido ya ga kamar ƙafa biyu ne. Ta ce don me ban taɓa nuna mata ba. Na ce tsoro.

Abin da ta ce yana cikin kwamfutar kuwa, rubutu ne, shafi talatin da ɗaya. Sharhi take yi wa kowane kashi, inda suka yi daidai da inda suka yi shirme, kuma tana sake rubuta ƙarshen. Shi na ɗauke mata wata biyu.

Ranar shida ga wata ita ta riga mu shiga mota. An yi awo.

Na gode, Auta. Shawararka ta kallon ƙarshe ta yi aiki, ko da yake ba ta hanyar da ka zata ba. Ka shirya, Sarkin Musu ta ce tana da magana da kai.

Yayarka

27 ga Mayu

Sarkin Musu,

Gaisuwa irin ta mai neman sulhu. Ya jiki, ya ƙarfin cinya? Mamanki ta ba ni labari, na karanta a ɗakin inji na yi ta share fuska, yaran aiki suka ɗauka hayaƙi ne.

Na faɗi ƙasa a kan maganar mutanen garin. Ban taɓa lura ba cewa sai da hannun ya dawo suka buɗe mata ƙofa. Na kai ƙara wurin mai girkinmu ina neman mai goyon baya, sai ya ɗaga mini hannunsa na hagu. Yatsu uku ne, injin niƙa ya cinye biyu tun yana saurayi. Shekara huɗu muna tare na daina ganin hakan. Ya ce shi kukan da ya yi ba na daɗi ba ne. Ashe ni kaɗai ne a jirgin nan na ji daɗin ƙarshen.

Amma ban miƙa wuya duka ba. Ni har yanzu ina ganin wanda ya sha wahala irin tata ya cancanci a ba shi wani abu a ƙarshe. In ba hannu ba, me za ki ba ta? Ki aiko mini da naki ƙarshen in gani. In bai fi nasu ba zan faɗa miki, ba sani ba sabo.

Kawunki

21 ga Yuni

Kawu,

Ina wuni, ya aiki, ya teku? Ina lafiya. Ƙafar ta zo sati uku da suka wuce. Tana da nauyi, tana sa gumi, ta yi mini kanta a wuri biyu, kuma na riga na yi jifa da ita sau ɗaya, ta fasa kofin Baba. Mai gashin ƙashi ta ce ina da taurin kai, na ce gado ne ta wajen uwa.

Ka yafe mini hotonka da na kife.

Ka tambayi me zan ba ta. Ga shi a taƙaice, cikakken yana cikin ambulan, shafi tara. Ta buɗe rijiya ta bakwai, ba haske, ba hannu. Ba ta koma garin ba, su sha ruwansu. Ta koma rumfar tsohuwar nan mai tukwane, ta tarar ta rasu, rumfar duk ƙura. Ta share. Ta zauna ta fara gina tulu da hannu ɗaya da gwiwa, ya fito a karkace. Wata mata ta zo wucewa ta ɗaga shi ta juya ta ce, "Wannan ai a karkace yake." Ita kuma ta ce, "Yana riƙe ruwa." Matar ta cika shi ta gani, ta ɗora a ka ta tafi. Shi ke nan.

Na san za ka ce babu kiɗa. Mama ta ce ya fi nasu, amma wai tsohuwar ba sai ta mutu ba, mun yi kwana biyu muna musu a kai. Kuma kai da ita duk kun yi kuskure a kan rijiya ta huɗu. Kashi biyu ya kamata, ba uku ba, ba ɗaya ba. Hujjojina suna shafi na bakwai.

Duk da haka ba na ƙin sa, Kawu. Lokacin da ba na iya yi wa kowa magana, shi ne ya san abin da ke damuna. Na gode da ka ce a bar ni da shi. Ka gaida mai girki, ka ce masa ina son jin nasa ra'ayin a rubuce.

'Yarka

Auta, ni ce, a bayan takardarta nake ƙara wannan kafin ta liƙe. Ta ce ita za ta kai wasiƙar ofishinku da kanta. Daga ƙofarmu zuwa inda ake hawa mota taku ɗari uku ne da wani abu, akwai ɗan gangare wajen shagon mai walda. Ta sa ƙafar, ta ɗauki sanda ɗaya, ta ce in na biyo ta za ta fasa. Babansu ya shiga banɗaki ya rufe don kada a ga fuskarsa. Ni na yi alkawari ba zan fita ba, amma ban yi alkawarin barin taga ba.

In takardar nan ta same ka, to ta isa.

Yayarka